Ranar da Kwamfuta Ta Ƙi Sakin Bilki

Ni Ummukulsum ba na shiga maganar mutane, kowa a Gwarzo ya san haka. Sai dai tiren ƙuli-ƙulina a ƙofar shagon Zailani yake, ni kuma ba kurma ba ce.

Zailani ɗan ƙanena ne. Ya yi karatun kwamfuta a Kano, ya gama daidai lokacin da gwamnati ke cewa kowa ya tsuke bakin aljihu, aiki babu. Ya sayo wata tsohuwar kwamfuta a gwanjo, wadda in ta tashi sai ka ce injin markaɗe, ya buɗe shagon buga takardu. Da Shari'a ta zo komai ya koma sai da takarda, aure takarda, saki takarda. Sai ya zauna ya rubuta wa na'urar umarni da kansa, layi-layi, abin da suke kira firogiram. Ka kawo rubutun magatakardar kotu, ya shigar da suna da kwanan wata, ta fito maka da takarda fes, ka mayar a buga hatimi. Tun daga nan wuyansa ya daina juyawa, wai Injiniya.

Ran wata Talata Bilki ta zo daga Durun. Mijinta ya sake ta, ta gama idda tuni, kuma ran Juma'a za a ɗaura mata aure da Haladu mai gyaran keke a Kabo. Amma baffan Haladu, Malam Uwaisu, ya ce sai ya ga takardar saki da idonsa, ya lissafa idda da yatsunsa.

Injiniya ya buga sunanta, ya buga kwanan wata, ya danna. Kwamfuta ta yi ƙit, ta share komai, ta koma farko. Sau uku. Takardun mutum shida suka fita ranar, ban da tata.

Ni abin da na ce wa Asiya mai koko kawai shi ne, "Ikon Allah, na kowa ya fita sai na Bilki." Wallahi ban ƙara ba, sai ɗan taɓe baki. Kafin la'asar an ji a Kabo cewa na'ura ta gano sakin bai cika ba. Ran Laraba an ce ciki gare ta. Malam Uwaisu ya aiko: in takarda ba ta iso ran Alhamis ba, a fasa.

Zailani ya hau mota zuwa Kano, ya aro wani faifan kwamfuta wurin tsohon malaminsa. Ran Alhamis da hantsi Bilki ta dawo, ido ya kumbura. Ni kuma na matso da tire ciki saboda rana.

"Gwaggo, inuwa ai a waje take," in ji Zailani.

"Ta ciki ta fi sanyi. Mene ne wannan ka saka wa kwamfutar?"

"Dibaga. Ita za ta riƙe firogiram ɗin, ta hana shi gudu. Layi ɗaya zai taka, ya tsaya, in duba abin da ke cikinsa, sannan in bar shi ya ƙara taku."

"Wato ka kai shi gaban alƙali."

"Kusan haka."

Ya sa mata alama ta tsaya daidai inda ake karɓar kwanan wata. Ya danna maɓalli, layi guda ya yi haske. Ya sake dannawa, hasken ya sauka na ƙasa. A gindin allon akwai wata 'yar taga tana nuna abin da na'urar ta riƙe. Suna, Bilki, ya wuce lafiya. Gari, Durun, ya wuce. Rana, talatin. Wata, biyu. Sai hasken ya yi tsalle ya koma can sama.

Zailani ya tura hula ƙeya. "Yauwa, ga shi. Magatakarda ya yi kuskure. Wata na biyu ba ya kai kwana talatin. Ni na rubuta layin nan, duk wanda ya kawo haka a kore shi."

Bilki ta ce, "Injiniya, ni ban san boko ba, amma ran talatin ga Safar aka sake ni. Ba a ga wata ba, aka cika talatin. Ina tankaɗe mijin ya furta sakin."

Na ce, "Ɗan nan, lissafa mini. Muharram, sai me?"

Ya ce, "Safar," sai ya dafe kai. Kotu da watan Musulunci take rubutu, shi kuma ya kwafo dokar Fabrairu daga littafin Turawa ya ɗora wa Safar. Wata da watanni yana cin sa'a, don ba a taɓa kawo masa wadda aka saka a wannan rana ba. Shekara huɗu a Kano, ga faifan aro, aka gano cewa mai laifin shi ne ke zaune a kan kujera.

Ya goge layin. Injin markaɗe ya yi gurnani, takarda ta fito.

Bilki ta naɗe ta a gefen zani, amma ba ta tafi ba. Ta ce, "Abin nan naka ya burge ni. Taku ɗaya, a tsaya, a tambaya."

Ashe da gaske take. Bayan an buga hatimi ta kai wa Malam Uwaisu, ya lissafa, idda ta cika har da rara. Sai ta ce, "Baba, wa ya faɗa maka ina da ciki?" Ya ce matarsa. Matar ta ce mai kitso. Mai kitso ta ce wata 'yar Dugabau a mota. 'Yar Dugabau ta ce Asiya mai koko. Asiya kuwa, da ba ta iya riƙe ko ludayi ba, ta nuno tirena.

Aka ɗaura aure ran Juma'a. Ran Asabar amarya da kanta ta zo, ta raba goro da alewa layin shagunan nan kaf. Da ta iso kaina ta durƙusa har ƙasa, ta gaishe ni, ta tambayi ƙafata da jikokina ɗaya bayan ɗaya. Sannan ta ce, "Inna, ikon Allah, na kowa ya fita sai naki." Ta taɓe baki, irin nawa sak, ta wuce da goronta.

Goron ma na ji an ce duk ya bushe. Asiya ce ta faɗa mini, ni ba na shiga maganar mutane.