Wadda Ta Fara Sa Citta a Biskit

Shekara talatin da ɗaya Inna ta yi tana kwaɓa fulawa a kamfanin biskit, tun ana kwaɓi da hannu a manyan bahuna har aka kawo inji. Da kamfanin ya rufe sai ta koma gidan 'yarta, wadda ke aikin nas. Aka ba ta ɗaki mai taga biyu, aka ce ta huta. Hutun ne ya gagare ta. Ta share inda aka riga aka share, ta sake jera kwanukan da aka jera, har maɓallan rigunan surukinta ta cire ta sake ɗinkewa, wai sun yi sako-sako.

Surukin nan ma'aikacin laburare ne, mutum mai sanyin magana. Wata ranar Talata da la'asar ya dawo daga aiki, ya durƙusa a bakin ƙofarta ya gaishe ta, amma bai tashi ba.

"Inna, yau na gan ki a littafi," ya ce.

"Ni kuma? Me na yi wa mutane?"

Ya yi dariya, ya yi mata bayani. An kawo musu wani sabon kundi mai juzu'i uku, na tarihin abinci da abin sha da kayan masarufi: inda shayi ya samo asali, yadda aka fara yin sukari ƙwaya-ƙwaya, lokacin da aka fara zuba madara a gwangwani. Yana buga masa hatimin laburare ne ya buɗe juzu'i na biyu, sai ga babin biskit, sai ga hoto. Ya miƙa mata wayarsa.

Inna ta sa gilashinta. Harabar kamfanin ce. Manaja na zaune a tsakiya ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya, mata sanye da fararen huluna suna tsaye a bayansa. Ita ce ta huɗu daga hagu, kafaɗar wata ta rufe mata rabin fuska. Ta daɗe tana kallo, tana bin fuskokin da ɗan yatsa.

"Me aka rubuta a ƙasa, Malam?"

"An ce manajan kamfani da ma'aikata."

"To. Mu ne ma'aikata. Sai me kuma?"

Ya karanta mata sauran. Littafin ya ce biskit mai citta, wanda ya ɗaukaka sunan kamfanin, manajan ne ya kawo haɗinsa daga ƙasar waje.

"Sake karantawa."

Ya sake.

"Ƙarya ne," in ji Inna. Sai ta tuna da wanda take magana, ta sassauta murya. "Ba kai ba, Malam. Littafin."

Ita ta san yadda aka yi, don tana wurin. Akwai shekarar da filebo, mai sa biskit ƙamshi, ya yanke, motar kaya ta ƙi zuwa, suka yi mako uku suna gasa biskit mai warin buhu. A ɗakin kwaɓi akwai wata 'yar siririya da suke kira Ƙarama. Ita ce ta zo da dakakkiyar citta a ƙulle a bakin zane, ta zuba a kwaɓin ƙarshe ba tare da ta tambayi kowa ba. Inna ce ke riƙe da bahon. Saura kaɗan manaja ya kori Ƙarama, sai da ya ɗanɗana ya fasa. Bayan wata shida aka buga sabuwar leda ta biskit mai citta.

Da 'yarta ta dawo ta ji labari, sai ta ce, "Inna, kamfanin ya rufe, manajan ya daɗe da rasuwa. Wa zai damu?"

"Ni," in ji Inna.

Washegari surukin ya fito zai tafi aiki ya tarar da ita tsaye a jikin motarsa, ta yafa mayafi, jaka a hannu. Ya buɗe mata ƙofa.

A laburare ya zaunar da ita a wani dogon tebur, tsakanin ɗalibai biyu masu shirin jarrabawa, ya kawo mata juzu'in. Nauyinsa ya kai na ƙaramin buhun sukari. Ta ce za ta tafi da shi gida, ya ce irin waɗannan ba a ba da aronsu, a nan ake dubawa. Ta karanta babin a hankali, baki na motsi, tana jan tsaki, ɗaliban suna satar kallonta. Ta tashi ta zaga, ta dawo ta zauna. Can surukin ya hango ta ta zaro biro daga jaka. Ya iso da sauri ya shimfiɗa tafin hannunsa a kan shafin.

"Inna, ki rufa mini asiri. Aikina ne."

"Layi ɗaya kawai zan soke."

"Ko kin soke wannan, akwai dubu biyu irinsa a wasu wuraren."

Ta mayar da murfin biron. "To wa ya rubuta?"

Wata malamar jami'a ce, kuma akwai adireshinta a farkon littafin. Surukin ya aika mata saƙo a ranar. Kwana tara amsa ba ta zo ba, kuma a kwana taran nan babu wanda ya sha iska a gidan. Kafin ya cire takalmi Inna ta tambaye shi. Ta kan kira shi a wurin aiki ta ce ya duba ko saƙon ya ɓace a hanya. Ta sayo fulawa da citta ta gasa biskit sau uku a tandar 'yarta, duk ta ce ba su yi ba, ta raba wa maƙwabta.

Amsar da ta zo gajera ce, amma da ladabi. Malamar ta ce ta ɗauko bayanin ne daga wani ɗan littafi da kamfanin ya buga da kansa lokacin da ya cika shekara ashirin da biyar. Idan akwai wani bayani daban tana son ji, sai dai za ta so ta ji daga bakin ita matar da ake magana a kanta.

A nan gizo ke saƙar, domin shekara goma sha ɗaya rabon Inna da Ƙarama.

Inna ta fara da kamfanin. An mayar da shi rumbun ajiye tayoyi, warin roba ya maye gurbin ƙamshin bota, maigadin kuwa bai ma san an taɓa yin biskit a wurin ba. Ta je layin ɗakunan haya da ma'aikata ke zama a da, ta bi ƙofa-ƙofa. Wani tsohon tela ya tuna Ƙarama, ya ce ta koma wurin ɗanta makanike, amma bai san unguwar ba. Kwana uku Inna tana hawa bas tana sauka, tana leƙa gareji bayan gareji tana tambayar makaniken da uwarsa ta yi aikin biskit. Da yamma 'yarta ta ɗaura mata abin awon jini, ta dubi lambar, ta dube ta.

"Inna, so kike ki kwanta a gadon da nake aiki?"

"Gobe ne na ƙarshe."

Ba goben ba ce, sai jibi. Ta same ta a bene na biyu, a saman wani shagon kayan gyaran mota. Ƙarama ta yi jiki har ta cika kujera, idonta ɗaya ya yi yana. Daga sallamar ta gane muryar.

"Yaya? Ke ce, ko kunnena ne?"

"Ni ce. Wa ya cinye Ƙaramar da na sani?"

Suka rungume juna, suka yi kuka kaɗan, suka yi dariya da yawa. Inna ba ta ko gama shan ruwan da aka kawo mata ba ta fara zayyana maganar littafi. Ƙarama ta saurara, ta ce, "To, malamar ta zo mana." Inna ta ɗan ji wani iri da sanyin amsar, amma ta bar shi a kan tsufa.

Ranar Asabar da hantsi malamar ta zo. Ba ta wuce sa'ar 'yar Inna ba. Ta cire takalmi a ƙofa, ta gaishe su da Mama, Mama, ta ajiye 'yar na'urar ɗaukar murya a kan tebur, ta buɗe littafin rubutu. Inna ce ta fara. Ta ba da labarin motar da ta ƙi zuwa, da ƙullin citta, da fuskar manaja, tana yi tana buga cinya. Malamar ta rubuta, sannan ta juya wurin Ƙarama.

"Mama, yaya aka yi tunanin citta ya zo miki?"

Ƙarama ta gyara zama. "A ofishin manaja na samo shi."

Inna ta juya ta dube ta.

"Ai ni ke share masa ofis ran Litinin," ta ci gaba. "Ya dawo daga tafiya da wani gwangwanin biskit mai zanen jirgin ruwa. Da ya cinye ya jefa a kwandon shara. Na buɗe, akwai ɓurɓushi a ƙasa, na lasa. Na ji citta. Na ce ashe ana yi."

Inna ta cire gilashinta. "Shekara arba'in ba ki taɓa gaya mini ba."

"Ba ki taɓa tambaya ba, Yaya. Kuma sai in tara ku in ce na lashi sharar manaja?"

Inna ta miƙe ta tafi bakin taga ta ba su baya. Ta tuna yadda ta ce wa surukinta ƙarya ne, da biron da ta zaro a gaban ɗalibai, da wannan baiwar Allah da ta taso tun daga jami'a. Kunya ta rufe ta har wuya. Da za ta iya sauka benen nan ba tare da an gan ta ba, da ta sauka.

Malamar ba ta rufe littafinta ba. "To gwangwanin a jakarsa ya zo," ta ce. "Akwai awo a jikinsa? Cokali nawa na citta, fulawa nawa?"

"Ina fa. Ko akwai ma, da wane karatun zan gani? Sau huɗu ina gwadawa a gida a kan risho, ina ɓarnar fulawar mijina. Nasu na waje yana ƙona maƙogwaro, yaranmu ba za su ci ba. Na yi ta ragewa har ya zauna."

"Shi manajan ya taɓa nuna muku yadda za a haɗa?"

Ƙarama ta kwashe da dariya har da tari. "Wannan? Ko ƙwai bai iya fasawa ba."

"Launin fa? Na ga naku ya fi na waje duhu."

"Wannan kuma ki tambayi mai tsayuwa a taga. Ita ta bar sukari a wuta tana surutu har ya yi ja. Tsoron faɗa ya sa muka juye shi a kwaɓin. Da aka ji daɗinsa sai muka ci gaba da ƙona shi da gangan."

Inna ta juyo. "Wannan ai kuskure ne."

"Rabin abin da ke cikin juzu'i ukun nan haka ya fara, Mama," in ji malamar. "Zo ki zauna ki gaya mini minti nawa yake yi a wuta."

Inna ta ɗan tsaya, sannan ta dawo ta zauna a bakin kujera. Ba ta san minti ba, ta ce, da hanci ake ganewa. Malamar ta rubuta hakan.

Kafin ta tafi ta gaya musu gaskiya. Sake buga kundin ba a hannunta yake ba, yana iya ɗaukar shekara biyu, yana iya ƙin yiwuwa. Abin da za ta iya shi ne ta aika takardar gyara zuwa laburaren da suka saya, muryoyinsu kuma a adana su a jami'a. Sai ta fito da hoton, babba a kan takarda, ta ce tana son sunan kowace mace da ke ciki.

Mata goma sha bakwai ne. Inna ta riƙa faɗa, Ƙarama na kanga takardar kusa da idonta mai gani tana gyaɗa kai. Sun dace a kan goma sha biyar. A kan biyu na ƙarshen layi suka saɓa. Inna ta ce 'yan ɗakin gasa biskit ne, wata da ƙanwarta. Ƙarama ta ce sam, masu naɗe leda ne, kuma ba su haɗa komai ba. Malamar ta bar gurbi biyu.

Bayan wata huɗu takardar gyaran ta iso, 'yar ƙarama, layi shida. Surukin ya liƙa ta da kansa a cikin juzu'i na biyu, ya ɗauko hotonta ya kawo gida. Takardar ta ce manaja ya kawo samfuri daga waje, ma'aikatan ɗakin kwaɓi biyu suka fitar da haɗin, ga sunayensu. A ƙasa an jera mata goma sha biyar, an ce biyu ba a tabbatar ba.

Inna ta sa aka karanta mata sau biyu. Ta ce layi shida ya yi kaɗan, amma babu ƙarya a ciki. Sannan ta ɗauki waya ta kira Ƙarama, suka sake taɓa musu a kan matan nan biyu. A cikin musun Ƙarama ta ambaci wata da ta yi shugabar masu naɗe leda, ta ce an ce tana nan da rai, tana zaune wurin jikarta a bayan tashar jirgin ƙasa.

Da safe 'yarta ta fito da kayan aiki ta tarar da Inna tana ɗaura takalmi, hoton a naɗe a hammata.

"Ina kuma, Inna?"

"Bayan tasha. Ba zan daɗe ba."

"Kin san gidan?"

"Zan tambaya."

'Yar ta koma ciki ta ɗauko kwalbar maganin hawan jini da gorar ruwa ta saka mata a jaka, suka fita tare zuwa bakin titi.