Fuska Ɗaya Cikin Rawuna

Babu masarautar da ta kai Kesargar ladabi a duk ƙasar Hindu, majigi ma shaida ne. Shekarar da wani basarake daga Ingila ya ziyarci Raja, sarkinmu, an zo da Bature mai akwatin ɗaukar hoto, wanda ake juyawa da hannu kamar injin markaɗe. Waziri ya sa aka yi shela: da keken dokin manya ya iso, kowa goshi a ƙasa.

Gasiram, tsohon da ke ban ruwan furannin fada, yana da ɗa guda, Bansi, da ya tafi noman rake tsibirin Fiji. Bayan annoba wani ya kai wa yaron labarin iyayensa sun rasu, shi ke nan aka daina jin ɗuriyarsa. Sai Gasiram ya ji an ce har can ake nuna irin wannan hoton.

"Baban Bansi," in ji matarsa Fulmani, "in ka duƙa, ƙeyarka zai gane?"

"Ke dai wanke min rawani."

Wajid wanzami, yana yi masa aski, ya ce, "Da wannan fuskar, Kawu? Ai yaron zai ce gara labarin farko."

"Aske, ɗan nema. Uwarsa ma da ita ta haƙura."

Ranar ta zo. Baturen bai fara juya akwatinsa ba sai da keken ya iso, don haka abin da ya samu na al'ummarmu rawuna ne, sahu-sahu, kamar kabewa a gona. Cikinsu kai ɗaya ya ɗago. Gasiram ya dubi akwatin ido cikin ido, ya ƙwala kira, "Bansi! Muna nan da rai!"

Akwatin ba ya ɗaukar murya. Waziri kuwa yana da kunne.

Da aka haska hoton a kan farin ƙyalle a farfajiyar fada, na kalla tun daga farko har ƙarshe. Almakashin Waziri ya riga ya bi ta wurin da Gasiram ya ɗago kai. Ladabinmu ya fito cif, ba ko ɗigo, manya suka yi ta tafi.

Da safe aka sallami Gasiram daga aiki. Ya miƙa salkarsa ga mai gadi, ya share ɗakin da fada ta ba shi aro tun yana saurayi, ya ɗora gadon igiya a ka. Fulmani na biye da tukwane.

"Ka dai buɗe ido sosai, ko?" ta tambaya.

Ita ba ta ga hoton ba. Shi kuwa ya gan shi, daga bayan katanga.

"Na buɗe," ya ce, ya gyara zaman gadon.