Rigar da Ba a Sa wa Ruwa

Ni dai ban iya ganin datti in kau da kai ba. Halin Innarmu ne na kwaso, kuma shi ya ja mini abin kunya a unguwarmu ta Rusholme, nan Ingila.

Maƙwabciyata Yuk-Lin 'yar wasan kwaikwayo ce, 'yar asalin Hong Kong. A talabijin ba ta wuce fitowa a nas ko mai sayar da abinci, ta faɗi kalma uku a wuce wurin. Abin da ke ranta shi ne tsohon wasan waƙa na garinsu, wanda ta ce masu iya shi a Ingila sun kusa ƙarewa. Kullum ina jiyo ta ta bango tana gwaji, murya siririya kamar ta mage, har na saba.

Wata Laraba aka kira ta ɗaukar fim na kwana biyu, ga rufin ɗakinta na yoyo. Ta kawo mini ajiyar wata jar riga mai aikin zare, da fararen hannuwa dogaye har ƙasa. Ta malamarta ce, Madam Tse, tsohuwa mai shekara tamanin da bakwai a Birmingham. Ran Asabar za ta sa ta a gabanta karon farko, wataƙila kuma na ƙarshe.

Ina buɗe jakar da rigar ke ciki wari ya buge ni, tsohon gumi da giya. Wuyan ya yi baƙi ƙirin. Na ce baiwar Allah aiki ya sha mata kai, bari in taimaka. Na jiƙa rigar a ruwan ɗumi, na cuɗa a hankali, har ina yaba wa kaina. Ruwan ya koma ja, fararen hannuwan ma suka rine.

Mijina Junaidu ya leƙo. "Habibatu, wa ya aike ki? Ko dry cleaner ba ki yi tunani ba? Seriously?"

Da Yuk-Lin ta dawo ba ta yi faɗa ba, da ma ta yi da na fi samun sauƙi. Zama ta yi a ƙasa. Ta ce irin rigar nan ba a sa mata ruwa, giya ake fesa mata a shanya a inuwa. Wannan kuwa shekararta sittin ba ta ga ruwa ba. Kunya ta rufe ni, na ce zan bi ta Birmingham in faɗa da bakina.

A wani ƙaramin zaure muka tarar da tsohuwar a keken guragu. Na durƙusa har ƙasa na faɗi abin da na yi, Yuk-Lin na fassarawa. Tsohuwar ba ta ko dubi hannuwan da na ɓata ba. Wuyan rigar ta kai hancinta, ta daɗe tana shinshinawa, sannan ta yi magana a hankali.

Yuk-Lin ta share ido. "Ta ce gumin tata malamar ne a wuyan nan, da nata ita kanta. Yanzu babu kowa a ciki."

Na rasa inda zan sa kaina. Sai tsohuwar ta tura wa Yuk-Lin rigar, ta ƙara magana, wannan karon da tsawa.

Yuk-Lin ta juyo gare ni. "Ta ce in sa. In yi wasa har in jiƙa ta da gumi, don wadda za ta karɓa a hannuna ta tarar da wani."

Na zauna a layin baya. Ko kalma ɗaya ban gane ba a waƙar. Idona na kan wuyan rigar, ina jira ya fara jiƙewa.