Sunan Ɗiyar Fari

Duk Illela babu wanda zai ce Mahbuba mai nauyin baki ce. Ita ke karantar da matan aure a Islamiyyar mahaifinta, kuma in matan Ƙonni suka tsallako daga Nijar sayen turaren wuta a wurinta, takan jefa musu ɗan Faransancin da ta tsinta, su yi ta dariya suna ƙara saye. Shi ya sa da labari ya zo cewa ta faɗi jarrabawar Turanci a Abuja, mutane suka rasa inda za su ajiye maganar. Jarrabawar ma ba ta rubutu ba ce. Zama ne na kamar minti ashirin, a tambaye ka ka ba da amsa, a kunna maka magana ka faɗi abin da ka ji. Yaran firamare ma, in ji masu faɗa, sai su haye.

Mijinta, Muhyiddeen, ma'aikacin jinya ne, shekararsa bakwai a Ingila. Tun farko ita ta ce ba za ta bi shi ba, don tsohuwarsa, Inna, tana kwance ba mai juya ta sai ita. Bara Inna ta cika. Shi kuma a lokacin ya riga ya sami takardar zaman dindindin, sai ƙa'ida ta ce matarsa ba ta samun biza sai ta kawo shaidar tana jin ɗan Turanci. Ƙananan yaran biyu, Sahabi da Ummi, ba a nemi komai a wurinsu ba. Babbar kuwa, Jamilatu, ta wuce sha takwas, saboda haka ba ta cikin tafiyar. Tana kwalejin horon malamai a Sakkwato, kuma ita ta koya wa uwar Turancin a lokacin hutu.

To, Jamilatu 'yar fari ce, kuma Mahbuba irin matan nan ne da suka riƙe alkunya da hannu biyu. Ranar da aka yaye yarinyar Inna ta goya ta sai ƙauyen Kalmalo, ba ta dawo gidan ba sai tana shekara goma sha uku, tare da tsohuwar da ciwo ya kayar. A shekara ashirin ɗin nan bakin Mahbuba bai taɓa furta sunanta ba. “Ke” ce, ko “waccan”, ko “ta Inna”. Ba ta yabonta a gaban mutane, ba ta yabonta a bayan idonsu. Ita ma yarinyar ba ta ce mata Umma kamar ƙannenta, Yaya take ce mata. Mata kan yi misali da Mahbuba a wurin biki, su ce kara ta ƙare a duniya sai wadda ta rage a gidan Malam, mahaifinta. Ita kuwa, a gaskiya, tana jin daɗin wannan yabo.

Littafin da suka yi karatu da shi yana da babi a kan abinci, da kasuwa, da yanayi, da lafiya. Yana kuma da babi a kan iyali. Da suka zo kansa Jamilatu ta lashi yatsa ta juya shafi huɗu a haɗe, uwar ta kau da kai tana gyara ɗankwali.

A Abuja aka zaunar da Mahbuba da wata 'yar Kudu mai fara'a, don jarrabawar bibbiyu ake shiga. Mai jarrabawar Baturiya ce mai furfura. Aka tambayi sunanta, ta faɗa. Aka tambayi garinsu, ta faɗa, har ta ƙara da cewa kasuwarsu ranar Lahadi take ci. Sai Baturiyar ta ce su tambayi juna labarin iyalinsu.

'Yar Kudu ta tambaye ta 'ya'yanta nawa. Mahbuba ta ba da amsar da ta saba bayarwa a Illela, ta juya ta zuwa Turanci: biyu, da ta kakarsu. Matar ta yi dariya ta ce uku ke nan, to yaya sunan ta farin?

Mahbuba ta ji tambayar sarai, kalma bayan kalma. Ta buɗe baki, abin ya ƙi fita. Baturiyar ta maimaita mata a hankali, kamar mai lallashin yaro. 'Yar Kudu, baiwar Allah, ta ɗaga yatsa ɗaya tana nuna mata, wai ta fari, ta fari. Mahbuba ta dubi tebur. Zufa ta jiƙa mata hijabi duk da sanyin na'ura. Malama guda, mai gyara wa mata sittin karatu, ga ta ana yi mata nuni da yatsa. Daga nan kunnuwanta suka toshe. Aka kunna maganar da za ta saurara, ba ta tsinci ko kalma ɗaya ba. Sauran tambayoyin kuwa da kai ta amsa su.

Da ta dawo gida ta ce wa kowa tsoro ne ya kama ta. Ɗalibanta suka riƙa zuwa jaje ɗaya bayan ɗaya, kowace da nata maganin: wannan ta ce a sha rubutu, waccan ta ce a tauna kanumfari kafin a shiga. Gwaggo Shahida, ƙanwar mahaifinta, wadda ba ta raga wa kowa, ta zauna ta miƙe ƙafa ta ce, “Ashe malamai ma suna hwaɗuwa. To ku riƙa sassauta muna bulala.” Aka yi dariya, Mahbuba ma ta yi, cikinta kuwa kamar ta haƙa rami ta shige.

Wanda ya fi yi mata ciwo shi ne mijin. Da ya yi faɗa da ta sami sauƙi. Sai ya ce a waya, “Ba komi, Allah bai nuhwa ba. Na sake yi maki rajista, nan da sati shida.” Sannan ya ce ya riga ya sayi gadajen yara, amma ba laifi, gado ba ya ruɓewa. Ta san mutumin nan shekara bakwai yana dawowa daga aiki ya tarar da ɗaki ba kowa. Ta so ta faɗa masa gaskiya, ta ga faɗar ma sai ta bi ta kan sunan.

Jamilatu ta zo hutun ƙarshen mako. Bayan la'asar ta shimfiɗa tabarma a gindin dalbejiyar tsakar gida, ta ɗauko littafin, ta buɗe daidai shafukan nan huɗu. Ta gyara murya irin ta masu jarrabawa, ta yi tambayar da Turanci: yaya sunan 'yarki ta fari?

Mahbuba ta tsura wa tabarma ido.

Jamilatu ta rufe littafin a kan yatsarta. “Nan na kinka tsaya, ko Yaya?”

Uwar ta kau da kai. Labarin zuciya a tambayi fuska.

“Ai da kin hwaɗi min,” in ji Jamilatu. “Mutanen ga ba su bincike. Ba ruwansu da ko ɗiyarki ta ko ba ɗiyarki ba ta, su dai su ji Turanci na hita. Ki ba su wani suna. Ki ce Meri.”

“Meri kuma? Wa am Meri?”

“Ba kowa. Shi ya sa za ta yi maki sauƙi.” Ta sake buɗe littafin, ta ce ba tare da ta ɗago ba, “Ni ba ni da damuwa, na saba.”

Da yarinyar ta faɗi haka da fushi, da Mahbuba ta sami abin kamawa, ta ce mata rashin kunya. Amma ta faɗe shi ne kamar mai cewa gishiri ya ƙare. Mahbuba ta ji kunya irin wadda ba ta taɓa ji ba, ba irin wadda ake yabonta da ita a gidan biki ba.

Dabarar kuwa ta yi aiki, har ta wuce yadda ake so. Kowace Juma'a Jamilatu ta shigo motar Sakkwato, su zauna gindin dalbejiya, Mahbuba ta yi ta zuba labarin Meri. Meri doguwa ce. Meri shekararta ashirin. Meri tana son fura da nono, ba ta son kuɓewa. Meri tana da ƙoƙari a makaranta. Meri ta yi jinyar kakarta ba ta taɓa ɓata rai ba. Wata rana ma, da baki ya zarce, ta ce tana alfahari da Meri. Babu ƙarya ko ɗaya a ciki in ban da sunan, kuma duka biyun sun sani. Jamilatu ba ta taɓa nuna ta gane ba. Iyakarta ta ce, “Ki ja ƙarshen kalmar, Yaya, kina haɗiye shi,” su ci gaba.

A zama na biyu an haɗa Mahbuba da wani dattijo mai son zuwa wurin matarsa, kuma mai jarrabawar wata ce daban, matashiya. Ba a ma taɓo batun iyali ba. Batun karatu aka ba su su tattauna. Dattijon ya tambaye ta wa ya koya mata Turanci. Ta ce 'yarta. Ya ce yaya sunanta?

Meri na kan harshenta, a wanke a goge. Sai ta ji abin ya tsaya mata a rai. Yarinya ta yi makonni tana bin hanyar Sakkwato da Illela a motar haya, tana shirya uwarta da ƙannenta su tafi su bar ta, sannan a ɗauki wahalar nan a ba wata Meri da ko haihuwarta ba a yi ba? Mahbuba ta dubi bango ta ce, “Jamilatu.”

Rufin ɗaki bai faɗo ba. Dattijon ya ce suna mai daɗi, ya nemi ta maimaita, ta maimaita. Ta ce Jamilatu malama za ta zama. Ta ce Jamilatu ta fi ta haƙuri. Sau huɗu ta faɗi sunan, ta ƙirga, kuma kowane ya fi na baya sauƙin fita. A motar dawowa ta rufe fuska da hijabi tun daga Zuba, fasinjoji suka ɗauka barci take yi. Abin da ke cinta shi ne ta ɗauki abin da ta hana mai shi shekara ashirin, ta miƙa wa baƙi biyu da ba za su ƙara tunawa da ita ba.

Sakamako ya fito bayan mako guda. Jamilatu ce ta buɗe shi a waya, ta karanta, ta yi murmushi. “Kin ci, Yaya. Meri ta yi maki rana.”

Ga ƙofa a buɗe, sai shiga. Mahbuba ta ce, “Uhm. Alhamdu lillahi.” Ta tashi ta shiga madafa, wai za ta duba tukunya.

Ta yi niyyar faɗa mata, Allah ya sani. Ta ce sai an gama cike takardun biza. Aka gama. Ta ce sai bizar ta fito. Ta fito. Ta ce sai gida ya yi shiru, gida kuwa bai ƙara yin shiru ba, kullum cike da masu kawo guzuri, wannan da daddawa, wannan da kuka, wannan da kilishin da aka ce ba za a bari ya shiga jirgi ba. Sau biyu tana samun yarinyar ita kaɗai tana ninke kayan Ummi a akwati, sau biyun tana tambayarta inda aka ajiye almakashi. An ce ba a fafe gora ranar tafiya, amma Mahbuba ta kai nata har ranar ba ta fafe ba.

Da hantsi mota ta tsaya a ƙofar gida don kai su filin jirgi a Sakkwato. Mata suka cika zaure har waje. Mahbuba ta bi su ɗaya ɗaya tana neman gafara, tana kiran kowace da sunanta ko da laƙabinta. Sahabi da Ummi suka rungume yayarsu suna kuka, ta share musu hawaye ta tura su mota. Da Mahbuba ta iso gabanta, idon mata duka yana kansu. Gwaggo Shahida na gefe tana kallo.

“Ke,” in ji Mahbuba, “ga makullin ɗaki. A riƙa buɗe taga saboda gara.”

“To, Yaya. Allah shi kiyaye hanya.”

Ta shiga mota. Direba ya ja a hankali saboda yara da awaki. Ta waiga ta gilashin baya, ta ga Jamilatu ta riga ta juya za ta shiga zaure, makullin a hannunta, ita kaɗai ba ta ɗaga wa mota hannu. Mahbuba ta murɗa gilashi ƙasa, ta fitar da kai, a gaban Gwaggo da ɗalibanta da duk unguwa, ta ɗaga murya.

“Jamilatu!”

Surutun mata ya yanke. Gwaggo Shahida ta riƙe baki.

Jamilatu ta tsaya. Ta duba dama, ta duba hagu, tana bin fuskokin matan da ke kusa da ita. Ba ta dubi wajen mota ba. Ta ɗan rusuna wajen Gwaggo ta ce, “Na'am, ke ta kinka kira ni?”

Direba ya karya kwana ya hau titin Sakkwato.