Fallen Ƙarshe Na Littafin Malam Ok

Ranar arba'in da tara da rasuwar Malam Ok, na baro garin Cheongju tun da sassafe, ko loma ɗaya ban iya kaiwa baki ba. Ranar ce ake kai kayan mamaci haikali a ƙona, domin su iske shi a lahira. Jiya-jiya 'yarsa ta bugo mini waya, ta ce mahaifiyarta, Inna Bun-rye, ta saka tsohon littafin Malam cikin ƙunshin kayan da za a ƙona.

Shekara goma sha ɗaya ina zaman ɗalibta a gaban Malam saboda littafin nan. Da haruffan tagulla aka buga shi, ba da sassaƙaƙƙen katako ba, kuma a fallen ƙarshe masu bugun sun rubuta shekara da sunan haikalinsu. Wannan falle shi ne shaidar cewa ya haura shekara ɗari biyar. Malam kuwa, da taurin kansa, bai taɓa yarda a ɗauki hoton fallen ba. Kullum sai ya ce in bari sai baɗi.

Motar da na shiga ta yi ta jan jiki, ni kuma ina ta duba agogo kamar zan huda shi da ido. Da na hau dutsen haikalin, hayaƙi na fara hangowa. Na ruga, takalmi ɗaya a hannu.

Ashe rigunansa ne ke ci. Inna na tsugune gaban murhun ƙona kayan, littafin a cinyarta, naɗe da shuɗin ƙyalle.

Ta ce, "Kai Gil-su, ko rasuwar ba ka zo da gudu haka ba."

Na durƙusa, na shiga magiya. Na ce mata babu kamarsa a hannun kowa, na ce masana za su zo daga Seoul wata mai zuwa, na kawo mata maganar wani harafi mai tsagaggen gefe da ya fito sau tara. Duk ba ta san ina yi ba. Ta ce shekara hamsin mutumin nan bai kwana nesa da littafin ba, in ya farka a can bai gan shi ba, ita zai yi ta zuwa wa a mafarki da mita.

Hawaye suka zubo mini, ban ma ji kunya ba. Da ta ga haka, sai ta ce in tashi in je in yi wa hoton Malam gaisuwa, littafin ya zama nawa. Na shiga haikalin na sunkuya sau biyu cike da murna.

Da na fito ta miƙo mini shi, ta ɗaure ƙyallen da kyau. Na kwance a nan take, don hannuna ya saba. Zaren ɗinkin bayan ya saki.

Ta ce, "Kada ka damu, ɗana, falle ɗaya tak na aika masa. Ai ba karanta sauran yake yi ba. Na ƙarshen nan kaɗai yake buɗewa ya yi ta kallo."

Na juya wajen murhun. Mai kula da haikalin yana ta motsa tokar da sanda don kada komai ya rage.