Fuskar Glenys a Titin Turl

Ranar Asabar da hantsi Wilfred Tuckwell ya turo matarsa Glenys a keken guragu zuwa Titin Turl. Rabonsu da tsakiyar birnin Oxford tun da ƙafafunta suka gaza. Wani tsohon abokin aikinsa ne ya tsegunta masa cewa za a sauke kawunan dutsen da ke jere a saman bangon wata kwaleji, a sassaƙa sababbi.

Wilfred masassaƙin dutse ne a zamaninsa. Yana saurayi aka ba shi gyaran bangon nan, aka ce ya yi fuskar da ya ga dama. A lokacin Glenys na sayar da burodi a kasuwa, kullum sai ta biyo ta ƙarƙashinsa ta ɗaga kai ta yi masa masifa, wai ƙurarsa na ɓata mata gashi. Shi kuwa ya sassaƙa ta haka, baki buɗe. Wata guda ta yi ba ta kula shi ba. Bazara na zagayowa aka ɗaura musu aure.

Titin na nan da ƙuncinsa, kekunan ɗalibai jingine ko'ina. Shagon da ta sayi takalmin biki kam ya koma wurin shan kofi.

"Tsaya nan," in ji Glenys. "Idona ba ya kaiwa. Yaya nake?"

Wilfred ya ɗaga kai ya daɗe yana kallo. Ruwan sama ya cinye hancin, kunne ɗaya ya guntule, gansakuka ta rufe gashin.

"Hancin ya tafi," ya ce.

"Gara haka. Dama sharri ka yi mini, hancina bai kai wannan ba. Bakin fa?"

"Yana nan a buɗe. Shi ko ruwa ya haƙura da shi."

Ta kai masa duka da jakarta, tana dariya har da tari. Da ta lafa, sai ta kamo hannunsa tana shafa 'yan yatsun da suka kanannaɗe.

"Ka ji tsoro a can sama, Wilf?"

"Kullum. Sai in na hango ki kin shawo kwana, in manta."

Ƙararrawa ta buga a wata hasumiya, wata ta amsa daga nesa. Yayyafi ya sauko, ya buɗe mata lema ta riƙe, ya juya keken suka nufi tashar bas.