Tsibirin Baba Mai Jirgi

"Ƙara muryar, Mai Keke," in ji Baba Mai Jirgi. "Kunnena bai kai can ba."

Na ɗaga ƙafa daga keken ɗinki na ƙara. Talabijin ɗina ce kaɗai ke aiki a gidan hayarmu, shi ya sa ranar na turo ta bakin ƙofa, 'yan gida suka taru a baranda, wasu kan benci, wasu kan bokitin da aka kifa. Ana nuna wani fili a bakin ruwa, an kafa rumfuna, sojoji sun jeru kashi biyu, kowane kashi da kalar kakinsa. Ana busa ƙaho, tutarmu tana saukowa a hankali daga kan sanda.

Baba ya jawo kujerarsa har gwiwarsa ta taɓa tebur. Ya ce a filin nan suke shanya taru, waccan bishiyar kuma da ke bayan rumfa, a gindinta ubansa ke sassaƙa jirgi. Muryarsa lafiya lau, kamar mai nuna wa baƙo gari. Aka naɗe tutar, aka miƙa wa wani dattijo mai tumbi da baƙar kwat. Ya karɓa, ya juya ya rungumi takwaransa na waccan ƙasar, suna dariya har da dukan kafaɗa.

Baba ya miƙe tsaye. "Kyaftin ne," ya ce. "Wallahi Kyaftin ne."

Ya daɗe a tsaye, sannan ya shiga ɗakinsa ya saki labule.

Ɗakinsa na jikin nawa, bango ɗaya ya raba mu. Tun ina amarya na same shi a gidan, shi da 'yarsa mai koyarwa a makarantar firamare. Kowa ya san labarin tsibirinsa, don ba ka gama gaishe shi bai sako shi ba. Tsibirin yana tsakiyar kogin da ya raba ƙasarmu da maƙwabciyarta. A faɗarsa, waɗanda suka ja layi a taswira ba su taɓa jiƙa ƙafa a ruwan ba, sun dai rubuta cewa iyaka tana bin babban hannun kogi. Kogi kuwa bai yi makaranta ba. A zamanin kakansa babban hannun yana bi ta wancan gefen tsibirin, a zamanin ubansa wata ambaliya ta dawo da shi wannan gefen. Sai kowace ƙasa ta rungumi taswirar da ta yi mata daɗi. Yakan ce kogi ne ya juya kwanciya, su aka tasa daga barci.

Da fari babu wanda ya damu da su. In jami'an nan suka zo, mutanen tsibiri su ce su na can ne, in na can suka zo, su ce su na nan ne, a ba baƙi busasshen kifi su kama gabansu. Sai aka ce an gano mai a ƙarƙashin ruwa. Daga nan kowace ƙasa ta tuna tana da 'yan'uwa a tsibiri.

Sojojinmu suka fara isa, da alkawarin asibiti da makaranta. Baba ya ba su jirginsa da kansa da ɗansa na fari, suna tsallakar da su. Ƙaninsa ya roƙe shi ya cire hannu, ya ce faɗan da ya fi ƙarfinka mai da shi wasa. Baba ya ce mutumin da ba shi da ƙasa ba shi da uwa. Da sojojin can suka ƙwace tsibirin, Baba ya kwashi iyalinsa ya tsallako, ƙanin ya zauna, ya karɓi katin waccan ƙasar don a bar shi ya ci gaba da kamun kifi. Tun ranar Baba ya daina kiran sunansa. In magana ta biyo ta kansa sai ya ce "wancan maci amanar". Ƙanin ya sha aiko gaisuwa ta bakin fatake, Baba ya ce a mayar masa da abinsa.

Abin da ba ya yawan faɗa, daga bakin 'yarsa na ji. Ana dab da tsagaita wuta aka yi tsallake na ƙarshe, aka ce in an dasa tuta a tsibirin a wannan karon, shi ke nan ya zama namu. Suna tsakiyar ruwa aka buɗe musu wuta, jirgi ya kife. Baba ya miƙa hannu ya kamo wuyan rigar wanda ya fi kusa da shi, ya ja shi zuwa gaɓa. Kyaftin ne. Ɗan Baba kuwa ko gawarsa ba a gani ba. Amma sauran jiragen sun isa, an dasa tutar, kuma da ita Baba yake rarrashin kansa duk shekarun nan.

Aka kai magana kotun duniya, shari'a ta ƙi ci ta ƙi cinyewa, har 'yar da ya goyo ta zama malama. Da hukunci ya fito, waccan ƙasar aka ba gaskiya. Gwamnati ta ce ba ta yarda ba, rediyo ya yi ta rantsuwa cewa ko taku ɗaya ba za a bayar ba. A lokacin ne Kyaftin ya zo gidanmu, ya riga ya zama babban mutum a hukumar kan iyaka, amma Baba bai taɓa sake masa suna ba. Ya zauna a bencin nan namu mai rawa, ya sha shayi, ya riƙe hannun Baba ya ce muddin yana numfashi tutar nan ba za ta sauka ba. Da kunnena na ji, ina tsaye da faranti.

Washegarin saukar tutar, da hantsi, Baba ya fito da wankakkun kaya ya ce in raka shi gidan Kyaftin. 'Yarsa na makaranta, maigidana yana kan hanya da babbar mota, surukata kuma idonta ya mutu, ba ta fita. Na ajiye ɗinkin mutane muka hau tasi. A hanya yana ta kare Kyaftin, kamar ni na zarge shi. Wataƙila tilasta masa aka yi. Wataƙila dabara ce, manya ba sa faɗin komai a talabijin. Wannan dariyar ma, in ji shi, ai ta ciwo ce.

Na ɗauka za a hana mu shiga. Ba a hana ba. Mai gadi ya kai mu falo mai sanyi kamar cikin firij, Kyaftin ya sauko da kansa, ya rungumi Baba, ya ce wa baƙinsa ga mutumin da ya ba shi rai na biyu. Aka kawo lemo. Baba bai taɓa kofin ba. Ya bari aka gama gaishe-gaishe sannan ya tambaya, a hankali, yadda aka yi.

Kyaftin ya yi murmushi irin na mai yi wa yaro bayani. Ya ce an samu zaman lafiya, an samu rabon mai, an samu hanyar da za ta bi ta iyaka. Ya ce ƙasa ba ta yi asara ba.

"To tutar fa, ranka ya daɗe?"

"Baba Mai Jirgi, kai ma ɗan kasuwa ne. Tsibirin nan tun kafin a daina harbi manya suka san ba zai zauna a hannunmu ba. Takardunsu sun fi namu ƙarfi. Amma ba a zuwa ciniki hannu wofi. Dole mu riƙe shi, mu sami abin ajiyewa a kan tebur."

"Tun kafin a daina harbi."

"Tun kafin nan."

"Ranar da muka tsallaka da yarona, ka sani?"

Kyaftin ya dubi agogonsa, ya dubi baƙinsa, ya ce soja umarni yake bi. Ya ƙara da cewa ana shirin ba tsofaffin da suka taimaka lambar yabo, zai tabbatar sunan Baba na ciki.

Baba ya laluba sandarsa ya tashi. Bai yi faɗa ba, bai zagi kowa ba. Har ya kai ƙofa ya juyo ya ce, "Da hannun nan na ɗauko ka." Ya ɗaga hannun yana kallonsa kamar na wani ne. Kyaftin ya ce direba ya mayar da mu, Baba ya ce ƙafarsa ba ta mutu ba. Muka taka har bakin titi cikin rana, ina riƙe da gwiwar hannunsa, yana tafiya yana tsayawa.

Daga ranar ya kwanta. Ba wata cuta da likita ya iya nunawa da yatsa, ya dai ce jininsa ya hau, a rage masa tunani. 'Yarsa ta yi dariyar takaici, ta ce a wane kanti ake sayar da wannan maganin. Abinci in an kai masa sai ya ce a ajiye, a dawo a tarar ƙuda ne suka ci. Rediyon da ba ya rabuwa da shi ya ba mai gyaran takalmi na ƙofar gida kyauta. Surukata kan lallaɓa da bango ta je ta zauna bakin ƙofarsa, tana tsokanarsa kamar yadda suka saba, ta ce tsoho ya ga ba ta kula shi ne ya koma neman tausayi. Da can yakan rama har sai ta yi tari don dariya. Yanzu sai ya ce, "Kin yi gaskiya, Iya," ya juya fuska bango.

Wata safiya na shiga da ruwan zafi na tarar yana zaune, 'yarsa na shafa masa mai a ƙafa. Ya ce mata ta nemo masa ƙaninsa. Ta tsaya da hannu a kan ƙafar, ta ce wane ƙanin.

"Ƙanne nawa nake da su?" ya ce. Sannan ya kira sunansa, karo na farko da na taɓa jin sunan a gidan nan. "Ki ce masa shi ya fi ni hankali. A'a, bari. Ki ce ya zo kawai, ni zan faɗa masa."

Ashe 'yar tana da lambar ɗan baffan nata tun tuni, suna gaisawa a ɓoye. Nan take ta kira. Aka ce ƙanin Baba yana jin saƙon ya ajiye taru ya shiga neman takalmi. Ta ce a ba shi waya su yi magana, Baba ya girgiza kai, ya ce maganar shekara da shekaru ba a yin ta da ƙarfe a kunne, sai ido da ido.

Can baya, lokacin da ƙasashen ke harara juna, masunta kan tsallaka ta ɓarauniyar hanya babu mai ce musu kanzil. Yanzu da aka yi sulhu an kafa shinge da ofis a mashigi, da jiragen sintiri na ƙasashen biyu suna zagaye tare. Aka ce wa ƙanin shi baƙo ne, sai da takardar izini. Ofishin da ke bayarwa kuma an rufe shi, ma'aikata na hutun murnar zaman lafiya. Ya zauna a bakin shingen da jakarsa. Kullum ɗansa ya kira ya ce gobe. Kullum Baba ya tambaya, 'yarsa ta ce yana hanya. Har ta kira gidan Kyaftin ko zai sa baki, aka ce ya yi tafiya ƙasar waje karɓar kyauta.

Baba ya sa aka juya masa katifa ta fuskanci ƙofa. Duk wanda ya yi sallama a zaure sai ya ɗaga kai. Mai ruwa, mai karɓar shara, yaran da ke kawo mini ɗinki, kowa sai da ya sa shi ɗaga kai. Daga baya kan ya daina ɗaguwa, ido kawai ke zuwa ƙofar.

Da hantsi Baba ya cika, gidan shiru, yara duk suna makaranta. Ina cikin ɗinke hannun wata riga na ji 'yarsa ta kira ni da muryar da ban san ta da ita ba. Na tarar tana riƙe da kansa a cinyarta. Ta ce ruwa kawai ya nema, kafin ta juyo da kofi ya tafi. Maza suka taru, aka yi abin da ake yi, kafin la'asar an kai shi. A bayan gari aka binne shi, kusa da titin manyan motoci, inda ko rafi babu.

Ana zaman gaisuwa wata mota ta kawo kwali daga hukumar kan iyaka, da lambar yabo a ciki da kintinkiri mai kalar tuta. 'Yarsa ta buɗe, ta duba, ta rufe, ta miƙa wa direban ta ce ya yi ɓatan gida.

Sai da masu gaisuwa suka fara raguwa, wani yammaci ina share baranda, na ji sallama a zaure. Tsintsiya ta faɗi daga hannuna. Muryar Baba ce, har da ɗan karyewar nan a ƙarshe. Wani tsoho ya shigo, ya fi Baba gajarta da duhu, ƙafar wandonsa da busasshen taɓo, yana rungume da jakar leda. Ya dubi tabarmin da aka shimfiɗa a tsakar gida, ya dubi takalman mata a ƙofar ɗakin, ya tsaya cak.

Surukata na zaune a bakin ƙofarta. An gaya mata rasuwar, ta yi kuka ma, amma kanta ya fara zuwa yana dawowa. Ta juya fuska wajen muryar, ta washe baki.

"Mai Jirgi, ka tashi ke nan? Jiki ya yi sauƙi?"

Na buɗe baki zan gyara mata. Tsohon ya ɗaga mini hannu.

"Da sauƙi, Iya," ya ce.

'Yar ta fito ta durƙusa a gabansa, ta ce, "Baffa." Ya dafa kanta. Ya cire takalmansa ya jera su a gefe, ya zauna a dokin ƙofar ɗakin yayansa, bai shiga ba. Ya kwance jakar ledar, ya fito da sabuwar riga fara, har yanzu da alamar ninki, ya shimfiɗa ta a kan gwiwarsa, yana bin ninkin da tafin hannu.